Daga Kano zuwa ɗakin kwal na Viktor Tsoi

Ba waƙa ce ta kai ni Rasha ba. Autanmu ne ya gama karatun likita a Mosko bayan shekara 7, Hajiya ta ce tunda ita ciwon ƙafa ya hana ta doguwar tafiya, dole a samu wanda zai tsaya masa ranar karɓar shaida. Ni ne babba, sai nauyin ya faɗo kaina. Maganar biza ba zan ɓata muku lokaci da ita ba, sawu biyu na yi zuwa Abuja. Abin da Auta ya fi nanata mini a waya shi ne kuɗi. "Yaya, kada ka dogara da katin banki. Tun 2022 Visa da Mastercard na waje ba sa aiki a nan. Ka je Wapa ka sayi dala, sababbi fil, wadda ba lanƙwasa ba tabon biro, in ba haka ba masu canji za su dawo maka da ita." Haka na yi. Na tashi ranar Talata 18 ga Yuni 2024, kwana biyu bayan Babbar Sallah, ƙamshin soyayyen nama bai bar gidan ba.

Mun yada zango na awa biyar a hanya, muka sauka Mosko da hantsin Laraba. A nan na fara sanin na bar gida. Wata uku kafin zuwana aka kai harin nan na zauren kaɗe-kaɗe na Crocus, saboda haka bincike ya tsananta, musamman a kan baƙi. Jami'ar shige da fice ta ɗauki fasfona ta juya shi gaba da baya, ta dube ni, ta sake duban hoton, sannan ta nuna mini wani benci. Na tarar da mu kusan goma a kai, baƙaƙen fata da 'yan Tajikistan. Awa biyu muna zaune ba wanda ya ce mana ci kanku. Da aka kira ni, tambaya uku ce kacal: wa ka zo gani, ina za ka kwana, yaushe za ka koma. Aka buga mini hatimi, aka ba ni wata 'yar takarda da Auta ya ce in riƙe ta kamar raina, don sai da ita ake fita ƙasar.

Sai kwastan. Hajiya ta cusa mini yaji da daddawa da kuka cikin jaka. Wani saurayin jami'i ya zaro ƙullin kukar, ya ɗaga shi sama, koren gari a leda ba rubutu ba tambari. Ni ba Rashanci, shi ba Turanci. Na yi alamar tuƙa miya, na yi alamar kai loma baki, bai gamsu ba. Sai da ya buɗe daddawar ya kai hanci, nan take ya ɗaure ledar ya tura mini jakata da hannu biyu. Daddawa ce ta fitar da kuka.

Auta na jirana a waje, ya rame amma ya yi tsawo a idona. Muka shiga tasi da ya kira ta waya. Direban ɗan Kirgistan ne, musulmi, ya yi mana sallama da Larabcin da duk muka iya. Muna cikin cunkoso ya ƙara sautin rediyo. Murya ce ta namiji, mai kauri, ba kwarmato ba lanƙwasa, kamar mutum yana faɗa maka magana a hankali don ya san za ka saurara. Ganga na tafiya tiryan-tiryan, jita na binta. Direban yana bin waƙar kalma da kalma, abin mamaki sai na ji Auta ma yana motsa baki.

Na ce, "Kai kuma yaushe ka zama mawaƙi?"

Ya ce, "Yaya, da waƙoƙin mutumin nan na koyi rabin Rashancina. Kalmominsa ba su da wuya. Sunansa Viktor Tsoi, ya mutu tun kafin a haife ni."

Sunan ya zauna mini a baki da sauƙi, don farkonsa irin na tsoro da tsohuwa ne. Direban da ya ji na faɗe shi daidai sai ya juyo ya ɗaga mini babban yatsa, ya ce wata kalma biyu. Auta ya ce ma'anarta "Tsoi na raye". Na ce ai yanzu ka ce ya mutu. Ya ce gobe zan gani.

Na kwana a wani ƙaramin masauki kusa da ɗakin kwanan ɗalibai, rubul 3,000 a dare. A lokacin dala ɗaya tana rubul 80 da 'yan kai, rubul ɗaya kuma wajen naira 17, saboda haka duk abin da na saya sai na ninka shi a zuci, gabana ya faɗi. Abinci bai ba ni wahala ba. Gidajen abincin 'yan Uzbekistan sun cika gari, naman halal ne, kuma shinkafarsu da suke kira filof dafa-duka ce da karas da naman rago, mai ya ji ta har yana kwaranya. Yajin Hajiya kawai na barbaɗa.

Ranar Alhamis muka shiga jirgin ƙasa na ƙarƙashin ƙasa, ƙasa da rubul 60 kowane shiga, kuma kowace tasha sai ka bi ta na'urar bincike. Muka fito Arbat, tsohon titi ne da mota ba ta bi, masu zane da masu sayar da tsaraba sun jeru. Auta ya nuna mini gidan da babban marubucinsu Pushkin ya taɓa zama, ya ce kakan mahaifiyarsa baƙar fata ne da aka kawo daga Afirka, wasu masu bincike ma suna cewa daga Logone yake, kudu da Tafkin Chadi. Na ce ashe maƙwabci ne.

Kafin nan, a gefen gida mai lamba 37, akwai wani bango. Tsawonsa bai wuce na katangar makarantar firamare ba, amma ba ka ganin bulo ko ɗaya. Fenti ne kan fenti, rubutu kan rubutu, sunayen garuruwa, kwanan wata, hoton wani saurayi mai baƙin gashi da ƙananan idanu an zana shi ya fi sau ashirin. Labarin da ake bayarwa shi ne ranar da ya mutu, 15 ga Agusta 1990, wani ya rubuta a bangon cewa yau Tsoi ya mutu, wani ya zo ya rubuta masa amsa a ƙasa cewa Tsoi na raye. Daga nan ba a daina ba. An taɓa shafe shi gaba ɗaya a 2006, masoya suka dawo suka cika shi. A gindin bangon na ga karan sigari zube, wasu an karya su biyu. Wata yarinya da ba ta wuce 16 ba ta zo ta ajiye nata, ba ta ko kunna ba. Auta ya ce yana da wata waƙa kan fakitin sigari, shi ya sa. Na yi shiru, don a wurinmu in mutum ya mutu addu'a ake yi masa, amma ban ga alamar wasa a fuskar yarinyar ba.

A nan Auta ya ce gobe 21 ga Yuni ce ranar haihuwar mutumin, kuma a San Fitasbag aka haife shi a 1962, lokacin sunan garin Leningirad. Bikin yaye su sai mako mai zuwa. Me zai hana mu je? Na yi lissafin aljihu. Jirgi mai gudu, Sapsan, awa 4 yake yi a kilomita 650 ɗin, amma kuɗinsa ya fi ƙarfina. Muka sayi na dare, tarago na talakawa, wajen rubul 3,000 kowa.

Taragon nan gado ne hawa biyu jere ba ƙofa ba labule, mutum 54, ƙafafun dogaye sun leƙo hanya. Matar da ke kula da taragon ta duba fasfo a bakin ƙofa, ta raba zanin gado a leda, ta kawo shayi a kofin gilashi cikin mariƙin ƙarfe. Na tuna jirgin Kano zuwa Legas da muka hau muna yara, sai dai wannan ya tashi a minti ɗin da aka rubuta. Gadon da ke fuskantar nawa wata dattijuwa ce, ta kai 60, ta buɗe ƙunshin dafaffen ƙwai da kokwamba ta tura mana. Da ta ji abin da zai kai mu garinsu, ta ajiye ƙwan, ta yi dariya har da share ido. Ta ce ita ɗaliba ce a Leningirad lokacin da abin yake faruwa. Daga nan Auta ya koma tafinta har ɗaya na dare, kuma yawancin abin da na fahimta game da mutumin a bakinta na fara ji.

Ta ce a Tarayyar Sobiyet kamfanin faifai ɗaya ne tak, Melodiya, na gwamnati. Wanda hukuma ba ta amince da shi a matsayin mawaƙi ba, ba faifai ba rediyo ba talabijin. To yaya waƙar Tsoi ta kai ko'ina? Kaset. Wani ya kawo, ka haɗa rikoda biyu ka kwafa, ka ba abokinka ya kwafa daga naka, har sautin ya dushe kamar ana waƙa a cikin rijiya. Wasa kuma a ɗakunan mutane ake yinsa, a taru mutum talatin a falo, a yi karo-karo a ba mawaƙi, ana fargabar kada maƙwabta su kira 'yan sanda. A 1981 hukuma ta buɗe musu wani kulob a titin Rubinshtein lamba 13, ba don ƙauna ba, don su taru wuri ɗaya idon hukumar leƙen asiri ta KGB ya gan su. Kafin ka hau dandamali sai an karanta baitocinka an sa hannu. A shekarar Tsoi ya kafa ƙungiyarsa da abokai biyu, a 1982 suka sa mata suna Kino, wato silima, suka yi kundinsu na farko da suka kira 45 saboda tsawonsa kusan minti 45 ne.

Ni da na tashi ina ganin masu kwafar kaset a kasuwannin Kano, rikoda goma jere suna juyi, ban buƙaci dogon bayani ba. Da haka Shata ya shiga kowace tasha da kowane shagon tela. Bambancin da na lura da shi, kuma na yi ta juya shi a rai har barci ya ɗauke ni, shi ne mawaƙinmu yana da ubangida. Akwai sarki ko attajiri ko ɗan siyasa da za a ambaci sunansa, a ba da riga, a ba da mota. Na tambayi dattijuwar wa Tsoi yake yi wa waƙa. Ba ta gane tambayar ba sai da Auta ya maimaita sau biyu. Ta ce bai taɓa wasa wani shugaba ba, bai kuma taɓa zagin wani da suna ba. Yana waƙar jirgin safe, da dare, da ruwan sama, da saurayin da ba shi da abin yi. Na ce wa Auta wannan ai habaici ne, mai kaza a aljihu shi ke jin tsoron kas.

Mun isa da bakwai na safe, rana ta yi tsaka kamar hantsi. 'Yan gari suna kiran birnin Pita, harshena ya mayar da shi Fita. Abin da ya fi rikita ni a can shi ne dare. Rana na faɗuwa wajen 10:25 na dare, ta fito 3:35, tsakanin nan kuma duhu ba ya sauka, sai wani haske fari-fari kamar bayan magariba da ya ƙi ƙarewa. Na tsaya a tagar masauki ƙarfe 12 ina karanta takarda ba fitila. Na tambayi Auta yadda suke yi da isha'i da asuba, ya nuna mini jadawalin masallaci a waya, ya ce shi suke bi. Azumi kuwa da ya taɓa faɗowa a irin wannan lokaci, ya ce, kada ma in tambaya.

Juma'a ce, muka yi ta a babban masallacin garin kusa da tashar Gorkobskaya, mai shuɗiyar ƙubba irin ta Samarkand, wanda aka fara salla a cikinsa a 1913. Sahu ya fito har waje, yawanci 'yan Uzbekistan da Tajikistan da Tatar. Daga nan muka taka da ƙafa, kusan rabin awa, zuwa titin Blokhina lamba 15.

Da ba don taron ba da mun wuce wurin. Tsohon bene ne, ka shiga tsakar gida, bangon duk rubutu, ga allon tunawa da fuskarsa a jiki, furanni sun taru a ƙasa. Matasa cikin baƙaƙen kaya suna zaune a ƙasa da jita, ga kuma masu furfura da jikokinsu. Wasu 'yan matakala ne suke gangarawa ƙarƙashin ginin. Nan ne Kamchatka, sunan da suka laƙaba wa wurin, ɗakin murhun da ke dumama benen a lokacin sanyi. A nan Viktor Tsoi ya yi aikin zuba kwal a wuta daga 1986 zuwa 1988.

Ɗakin ƙarami ne, rufin ƙasa-ƙasa, sai da na sunkuya a wani wuri. An mayar da shi gidan tarihi da wurin kiɗa, da kantar sayar da abin sha a gefe wanda na kauce wa. Tsohon murhun ƙarfen yana nan, baƙi ƙirin, bakinsa a buɗe. Akwai jitarsa, da keken buga rubutu, da hotuna. Na tsaya gaban murhun na daɗe. Mutumin da kaset ɗinsa ke yawo daga nan har Saiberiya, a takardar hukuma shi ɗan zuba kwal ne. Dalilin kuwa doka ce. A Tarayyar Sobiyet zaman banza laifi ne da ake kai mutum kotu a kansa, a wannan garin ma aka yanke wa marubucin waƙoƙi Brodsky hukunci kan haka a 1964. Waƙar da hukuma ba ta sani ba kuma ba sana'a ba ce. Saboda haka mawaƙa suka riƙa neman aikin gadi da shara da murhu, inda za ka yi kwana ɗaya a bakin aiki ka huta uku. Ba shi kaɗai ba ne a Kamchatka, mawaƙa irin su Aleksandr Bashlachev ma sun riƙe shebur a nan.

Wani mutum mai gemu da ke tsaye kusa da mu ya ji Hausa, ya tambayi Auta daga ina. Da aka ce Nijeriya sai ya ce Ajaokuta, ya ce mutanensu ne suka gina. Na ce haka ne, na bar maganar a nan don kada ya tambaye ni yadda take. Shi ya nuna mana wani hoto na Tsoi yana sassaƙa. Ashe an kore shi daga makarantar zane saboda rashin ƙoƙari, ya koma ya koyi sassaƙar itace. Mahaifinsa injiniya ne ɗan asalin Koriya, daga cikin Koriyawan Kazakistan, inda shugaban Sobiyet Stalin ya kwashe su ya kai a 1937, mahaifiyarsa Barashiya ce malamar motsa jiki. Baƙaƙen kayan da tsayuwar nan tasa ta ɗaga haɓa, mutumin ya ce, akwai son Bruce Lee a ciki. Wannan kam na gane, mu ma mun yi yayinsa a silimar Kano.

Sauran labarin gajere ne, don rayuwar gajera ce. Zamanin shugaba Gorbachev hukuma ta sassauta, a 1987 aka sa shi a ƙarshen wani fim mai suna Assa yana rera waƙarsa ta neman canji gaban dubban matasa. Shi ya ce ba siyasa yake nufi ba, mutane ba su saurare shi ba, har a zanga-zangar Belarus ta 2020 an rera ta. Mu da muka yi kirarin canji a 2015 mun san yadda kalmar nan take fin ƙarfin mai ita. A 1988 kundin Gruppa Krovi, wato rukunin jini, ya fito lokacin da ake kawo gawarwakin samarin Sobiyet daga yaƙin Afganistan, kuma a ɗakin makaɗin gangarsu aka ɗauke shi, da na'urar da wata Ba'amurkiya, Joanna Stingray, ta kawo musu. A shekarar ya fito a fim ɗin Igla da aka yi a Kazakistan. Ranar 24 ga Yuni 1990 ya cika filin wasa na Luzhniki a Mosko, har aka kunna wutar Olamfik ta filin. Bayan mako bakwai, yana hutu a Latbiya, ya dawo daga kamun kifi a motarsa ƙirar Moskvich, ya yi karo da bas kusa da garin Tukums. Binciken hukuma ya ce barci ne ya ɗauke shi. Shekararsa 28. Abokan ƙungiyar suka ƙarasa waƙoƙin da ya bari suka fitar da su a kundi mai baƙin bango, sannan suka watse. Tarayyar Sobiyet ɗin kanta wata 16 ta ƙara.

Da muka fito tsakar gidan, wani ya soma wata waƙa, sai kowa ya ɗauka. Ba mai ba da baiti ba 'yan amshi, duk murya ɗaya. Ban san kalma ko ɗaya ba. Na dubi Auta, wanda na sani da kunya tun yana yaro, yana rerawa da ƙarfi tsakanin wani soja da wata tsohuwa.

Washegari ya so mu je makabartar Bogoslobskoye inda kabarin yake, ya ce bayan mutuwar masoya sun kafa tantuna sun yi watanni a wurin. Na ce a'a, abin da na gani ya isa. Maimakon haka muka je wani tsohon shago a titin Bolshaya Konyushennaya da ke soya wani abu kamar fanke mai huda a tsakiya, an barbaɗe shi da garin sukari, muka bi layi rabin awa, na ci shida. Da dare muka koma Mosko.

Bikin yayen ya yi kyau, na ɗauki hotuna fiye da ɗari saboda Hajiya. A hanyar filin jirgi Auta ya karɓi wayata ya zuba mini waƙoƙi goma sha biyu. Na sauka Kano ana tsakiyar damina. Kwana uku da dawowa na kunna su a mota zan kai Hajiya asibiti a duba ƙafar. Ta saurara har muka wuce gadar Ƙofar Nasarawa, sannan ta ce, "Wannan wa yake yi wa?" Na ce ba kowa. Ta ce, "To wa ke ba shi?" Na ce kwal yake zubawa a murhu, Hajiya. Ta ce in rage sautin, za ta kira Auta.